Mai sarƙar zinare: gwanin kiɗa ne ko gwanin ɗauka?

Mai Kaset na Alabar: Assalamu alaikum jama'ar zaure. Jiya da yamma ina zaune a shago sai ga jikana ya shigo, waya a hannu, wani kiɗa na tashi. Ban san lokacin da na ajiye kofin shayi ba. Waƙar Jimmy ce, ta cikin fim ɗin Indiya Disco Dancer, wadda na sayar da kaset ɗinta har hannuna ya gaji. Na ce kai, ina ka samo wannan? Ya ce TikTok. Na ce to wa ya yi kiɗan? Ya ce wani Ba'indiye. Abin ya tsaya mini a rai, na fita na bi tsarana na layinmu ɗaya bayan ɗaya, mutanen da muka yi turereniya tare a ƙofar silimar Rex da Roxy nan Kumasi. Kowa ka tambaya sai ya ce Mithun, jarumin fim ɗin. Ko mutum ɗaya bai ambaci Bappi Lahiri ba, alhali shi ya ƙera kiɗan tun daga tushe. Mutumin ya mutu a Fabrairun 2022 yana da shekara 69, kwana tara bayan mawaƙiya Lata Mangeshkar. Mutuwar Lata har a rumfar mai shayi an yi zancenta, tasa kuwa shiru kake ji. Shi ne na ce bari in kawo maganar nan, ko akwai wanda ya san shi.

Hajiya Mai Atamfa: Wa alaikumus salam Alhaji. Ni ma da ni ka tare, Mithun zan ce maka, kada ka ga laifin mutane. Wanda ya yi rawa shi ido ya gani. Mai girki tana madafa hayaƙi na cin idonta, wadda ta ɗauko tire ita ake yi wa sannu da aiki.

Tica na Asawase: Hajiya ta gama magana a taƙaice. Waƙar fim ɗin Indiya hannu huɗu take bi kafin ta iso gare mu. Akwai mai tsara kiɗa da karin waƙa, akwai mai rubuta baitoci, akwai mai rerawa a sutudiyo, sannan ɗan wasa ya zo ya motsa baki a gaban kyamara. Waƙar Jimmy ɗin nan wata mata ce ta rera, Parvati Khan. Wadda ke ɗauke da sunan fim ɗin kuma Vijay Benedict ne. Mithun ko tari bai yi a ciki ba.

Shi Bappi, sunansa na yanka Alokesh. An haife shi a 1952 a Jalpaiguri, ƙasar Bengal. Uwa mawaƙiya, uba mawaƙi, kuma shahararren mawaƙi Kishore Kumar danginsa ne ta wajen uwa. Yana ɗan shekara uku aka sa masa tabla a gaba, 'yan gangunan nan biyu da ake kaɗawa da yatsu. Ya sauka Bombay yana da shekara 19, fim ɗinsa na farko da harshen Hindi ya fito a 1973, amma sai a Zakhmee na 1975 aka fara juyowa ana kallonsa. Ku lura, duk wannan kafin disko ne.

Ɗan Sawaba: Ina neman afuwar iyayena da ke zauren nan, amma Baba Alhaji ya ce wai shi ya ƙera kiɗan tun daga tushe, nan ne ba zan iya yin shiru ba. Wane tushe? Ku nemi waƙar T'es OK ta Ottawan, 'yan Faransa, ta 1980, ku saurara, sannan ku kunna Jimmy. Ko kurma zai gane. A cikin fim ɗin nan dai akwai wata da Usha Uthup ta rera, an ɗauko ta ne daga Video Killed the Radio Star ta Ingila. Fim ɗaya, kaya biyu na mutane. A kasuwar Kejetiya in ka yi haka da wayar wani mun san sunan da ake kiran ka.

Mai Kaset na Alabar: Yaro, a hankali. Mamaci kake zagi.

Ɗan Sawaba: Ban zage shi ba Baba, aikinsa na faɗa. Kuma ban ma zo kan wadda ta fi yi mini ciwo ba.

Tsohon Ɗan Agege: Kafin ka zo kanta bari in ba ka labarin lokacin, don ku yaran yanzu da intanet a aljihu ba za ku gane ba. Ina cikin waɗanda Shagari ya koro daga Legas a farkon 1983. Mun dawo muka tarar da fari, gobarar daji ta cinye gonaki, ana layin kenke, dokunun masara, tun kafin ya dahu. Ga dokar hana fitar dare ta zamanin Rawlings, ta fi shekara biyu, ta kashe gidajen rawa, makaɗan hailaif, kiɗan rawa na Gana, da yawa suka tattara suka bar ƙasar. Abin da na tsira da shi daga Agege katifa ce da rediyo mai cin kaset biyu. Wannan rediyo ita ce silimar gidanmu a Aboabo. Kaset ɗin Disco Dancer bai iso hannuna ba sai daga baya, amma da ya iso, wallahi har zarensa ya tsinke sau uku ina liƙawa da jan farce. Ciki ba komai, fitila ba kananzir, a rufe ƙofa a sa batir a kunna. To a daren nan wa zai tambaye ka wane Bafaranshe ne ya fara yin karin? Ottawan ba su zo Aboabo ba. Bappi ne ya zo.

'Yar Nima: Kawu ka sa ni kewar mahaifiyata. Mu a nan Ankara, babban birnin Gana, gidanmu ba nisa da silimar Dunia, ta ce daga tsakar gida suke jin waƙoƙin in dare ya yi tsit, su haddace ba tare da sun ga fim ɗin ba.

Hajiya Mai Atamfa: Haka ne 'yata. Mu mata wa zai bar ki ki je silima? Sai dai yayyenmu maza su dawo su ba mu labari, su ƙara gishiri. Sai da gidajen bidiyo suka yawaita muka fara gani da idonmu.

Ɗan Sawaba: Kawu, na ji, kuma Allah ya saka da haƙurin da kuka yi. Amma daɗin tuwo ba ya halatta hatsin sata. Ga wadda nake nufi. Mory Kanté, mutumin Gini, ɗan gidan maroƙa ne kaka da kakanni, makaɗin kora, wani irin molo mai tsirkiya da yawa. Ya yi ƙungiyar kiɗa ta Rail Band a Bamako tare da Salif Keita, ya zauna Abijan, ya wuce Faris. A 1987 ya fitar da faifan Akwaba Beach, wanda Yeke Yeke ke ciki, waƙar da ta sayar da fiye da kwafi miliyan a Turai. A cikin faifan nan akwai wata mai suna Tama. Shekara uku bayan haka sai ga Tamma Tamma a fim ɗin Thanedaar, Sanjay Dutt da Madhuri Dixit suna rawa, kiɗa na Bappi Lahiri. Ko sunan bai wahalar da kansa ya canza ba, harafi ɗaya ya ƙara. Wannan ba Bature aka ɗauka wa ba, maƙwabcinmu ne. Kayanmu aka kai Bombay aka sake wa riga, aka dawo mana da shi muka biya kuɗin ƙofa muna tafi.

Bakano a Kumasi: Sanjay Dutt! Mu a Kano Ɗan Daba Mai Lasin muke ce masa. Ashe har kiɗan da yake rawa da shi ba shi da lasin.

Tica na Asawase: Abin dariyar ma bai ƙare ba. Wannan Tama ɗin dai ita Laxmikant da Pyarelal suka ɗauka suka yi Jumma Chumma a fim ɗin Hum na Amitabh, 1991. Aka yi ta cacar baki a Bombay kan wa ya riga wa, kowane ɓangare na ganin an shiga gonarsa. Mai gonar yana can bai san ana yi ba.

Hajiya Mai Atamfa: Kura biyu na faɗa a kan akuyar mutane.

Mai Sutudiyo: Ni sana'ata ke nan, ina haɗa kiɗa a Asawase, bari in sa baki. Yaya na Sawaba bai yi ƙarya ba, an ɗauka. Amma masu cewa kwafa kawai ya yi ba su taɓa zama gaban na'ura ba. Waƙar disko ta Turai gajeren kari ne da ake maimaitawa minti uku a tashi. Waƙar fim ɗin Indiya kuwa tana da amshi, tana da baitoci biyu ko uku masu nasu karin daban, tsakanin kowane baiti akwai kiɗan da darakta zai cika da rawa ko gudu ko kuka. Abin da Bappi kan ɗauko shi ne ƙugiyar, wato ɗan layin da ke maƙale wa mutum a kunne. Sauran ginin nasa ne, kuma dole ya zauna daidai da labarin. A fim, Jimmy kira ne ake yi wa mutumin da ya kasa hawa dandali bayan mutuwar uwarsa. Ottawan ba su san da wannan ba, su rawa kawai suke yi.

Na biyu, shi ne ya cusa na'urar kiɗa ta lantarki cikin fim ɗin Indiya da ƙarfin tsiya, ya aura mata tabla. Kafin nan sai an tara masu goge rututu a ɗaki guda. Mu ma nan abin da ya faru ke nan, a shekarun nan dai. George Darko ya yi Akoo Te Brofo a Jamus a 1983, aka samu boga hailaif, na'ura ta ture masu ƙaho. Babu wanda ya ce George Darko ɓarawo ne don ya ɗauko bugun disko.

Ɗan Sawaba: Bugu daban, kari daban. Bugun disko na kowa ne kamar ruwan famfo. Karin Tama na mutum ɗaya ne mai suna, ya rasu a Konakiri a 2020.

Mai Sutudiyo: Na yarda da wannan rabin. Amma ka san ita kanta Yeke Yeke daga tsohuwar waƙar gargajiya ta mutanensu Mory ya gina ta? Maroƙi ba ya fara waƙa daga iska, abin da ya ji a bakin kakansa yake sabuntawa.

Ɗan Sawaba: Gadon gidansu ne. In na ci gonar kakana ban yi sata ba. In kai ka zo daga Bombay ka ci, sai ka yi sallama.

Bakano a Kumasi: Ni fa duk wanda zai jefi Bappi a cikin Hausawa ya fara duba hannunsa. Finafinanmu na Kano na farko-farko, waƙoƙi nawa aka ɗora a kan karin Indiya? Har 'yan bandiri sun ɗauki karin waƙoƙin fim suna begen Annabi da shi, tsofaffi na hawaye, ba su san daga inda aka samo ba. Wa ya aika wa Bombay ko sisi? Kiɗa ɗan fatake ne, inda dare ya yi masa nan yake kwana.

Malam na Aboabo: Sallallahu alaihi wa sallam. Ni ba ma'abocin waɗannan abubuwa ba ne, jikokina ne suka nuna mini hoton mutumin. Abin da zan ce kawai, yaranmu maza kada su ga sarƙoƙin nan a wuyansa su yi sha'awa. Zinare da alharini an haramta wa mazan wannan al'umma. Shi ba musulmi ba ne, hisabinsa daban. Maganar haƙƙi kuwa, haƙƙin wani ba ya faɗuwa don mai shi yana nesa ko don bai sani ba.

Hajiya Mai Atamfa: Allah ya ƙara wa Malam lafiya. Amma zinaren nan nasa fa an fi faɗarsa da baki. Lokacin da ya tsaya takarar majalisa a 2014 ƙarƙashin jam'iyyar BJP, ya faɗi zaɓen ma, abin da ya rubuta a takardar dukiyarsa giram 754 ne. Ko kilo bai cika ba. Ya zo Manhyia, fadar sarkin Asante, ranar bikin Akwasidae ya ga abin da ake kira zinare, da kansa zai sa sarƙarsa a aljihu.

Tica na Asawase: Shi da bakinsa ya sha faɗa cewa Elvis Presley ya gani ya yi sha'awa.

Ɗan Sawaba: Ka ji ko? Har sarƙar ma kwafa ce.

Shugaban Zaure: Jama'a a bar wuyan mutum a koma kan kiɗansa. Ɗan Sawaba, ka rage kaifi, akwai iyayenka a nan.

Ɗan Sawaba: Na rage, ranka ya daɗe. Saura guda ɗaya in yi shiru. A 2002 wata mawaƙiyar Amurka, Truth Hurts, ta fitar da Addictive a kamfanin Dr. Dre. Aka yanko muryar Lata daga wata tsohuwar waƙar Bappi ta 1981 aka shimfiɗa a ƙarƙashi, ba izini, ba suna. Me Bappi ya yi? Bai ce kiɗa ɗan fatake ba ne. Kotu ya tafi a Amurka, kuma a 2003 alƙali ya hana sayar da faifan sai an rubuta sunansa. Ashe ya san zafin abin. Ya san suna shi ne komai. To me ya hana shi rubuta na Mory Kanté?

Mai Sutudiyo: Nan kam ba ni da amsa, Yaya.

Tica na Asawase: Kuma ana iya yin abin da mutunci, mu a Gana mun gani. A 1990, shekarar Thanedaar ɗin nan, Paul Simon ya yi amfani da karin Yaa Amponsah, tsohuwar waƙar Gana, a waƙarsa Spirit Voices. Wannan kari Kumasi Trio suka fara naɗa a faifai a Landan tun 1928, su Kwame Asare. Paul Simon ya nemi masu shi, ya biya gwamnatin Gana, kuɗin nan na cikin abin da ya tayar da hukumar kula da al'adun gargajiya. Sai dai ita ma dokar kare waƙoƙin gargajiyar ta zo da nata rikicin, don yanzu ko kai ɗan ƙasa in za ka yi kasuwanci da waƙar kakanninka ana so ka nemi izini, makaɗa da yawa ba su ji daɗin haka ba. Wannan muhawarar wata rana ce.

Wani abu da ban so ya wuce: hanyar ba ɗaya ba ce. Osibisa, ƙungiyar Teddy Osei ɗan Kumasin nan, sun zaga Indiya da wasa a 1981, jama'a suka yi dafifi. Kunnen Bombay ya daɗe da sanin kiɗanmu kafin Tama.

'Yar Nima: Ni abin da ke ba ni haushi, duk an taru a kan disko kamar shi kaɗai ya yi. Mahaifiyata ba ta damu da Jimmy ba. Tata ita ce waƙar Chalte Chalte ta 1976 da Kishore ya rera, mai sanyi, ta bankwana. In tana tankaɗe ita take yi ƙasa-ƙasa, kalmomin duk ta Hausantar da su. Wannan wa ya ce an kwafo? Sannan kyautar Filmfare ta finafinan Indiya da ya ci ta gwanin kiɗa ai ba a kan disko ba ce, a kan Sharaabi ce ta 1984. Mutumin ya iya, shi ya sa ɗaukar tasa ta fi ba ni takaici. Wanda bai iya girki ba in ya saci miya sai a ce yunwa ce.

Mai Sutudiyo: Anti, lissafi zai ba ki dalili. A 1986 ya shiga kundin Guinness da waƙa fiye da 180 a fim 33. Raba ki gani, kusan waƙa guda duk kwana biyu, ba Juma'a ba Lahadi. Ni in na haɗa uku a mako sai kaina ya yi zafi. Furodusa na tsaye a ƙofa da kuɗi, an riga an sa ranar ɗaukar rawa, Jeetendra da Sridevi na jira. Wanda ya karɓi aiki irin haka dole ya miƙa hannu inda ya samu. Laifinsa a wurina haɗama ce, bai iya cewa a'a ba.

Tsohon Ɗan Agege: Mai shekara talatin da 'yan kai ana rububinsa, wa zai ce a'a? Ku bari kawai.

Tica na Asawase: Alhaji, game da jikanka da TikTok, waƙar ba ta taɓa kwanciya ba. A Tarayyar Sobiyet fim ɗin ya yi kasuwar da ba a zata ba, har yau tsofaffin Rasha sun san Jimmy. Mawaƙiya M.I.A. ta sake yin ta a 2007. A 2022 kuma, lokacin kullen korona a Sin, mutane suka riƙa ɗaukar bidiyo da tukunya ba komai suna bin waƙar, don da harshensu sunan yana kama da a ba ni shinkafa. Watanni kaɗan bayan mutuwarsa ke nan.

Tsohon Ɗan Agege: Ikon Allah. Ashe ba mu kaɗai muka ji ta da yunwa ba.

Hajiya Mai Atamfa: Ni tambaya ɗaya gare ni ga wanda ya buɗe zancen, ya yi shiru tun ɗazu. Alhaji, kaset ɗin nan da ka ce ka sayar har hannunka ya gaji, daga Bombay ake aiko maka da su?

Bakano a Kumasi: Hajiya ta taɓo inda ke ciwo.

Mai Kaset na Alabar: Hajiya, tsakanina da ke sai Allah. To, tunda an zo nan. Na asali guda ɗaya nake saya, wani lokaci ma aro nake yi wurin masu zuwa Lome. In sayo fanko kwali-kwali, in haɗa rediyo biyu, in kwana ina juyawa. Da safe in rubuta suna da biro a jiki. Kuma don Allah ku tambaye ni me nake rubutawa. Mithun nake rubutawa, ko Jimmy, don shi mai saye ke tambaya. Sunan Bappi yana jikin na asalin, ƙanana a ƙasa, ina gani, ban taɓa kwafa shi ba ko sau ɗaya. Da kuɗin nan na yi aure, da shi na sa yara makaranta. Jiya ina ta faɗa mutanen layinmu ba su san shi ba, ashe a hannuna suka sayi rashin sanin.

Ɗan Sawaba: Baba, ni ban ce komai ba.

Mai Kaset na Alabar: Gara da ba ka ce ba. Na sa jikan ya binciko mini akwatin da ke ƙarƙashin gado, na asalin yana nan, kwalin ya yi ja amma zaren bai tsinke ba. Rediyon ce babu, ta ƙarshe tun rasuwar uwargida ta daina juyawa. Mutumin Agege, taka mai cin kaset biyu tana raye?

Tsohon Ɗan Agege: Ɓangare ɗaya na aiki, ɗayan yana cin zare. Ka zo bayan la'asar gobe, ka taho da batir manya guda shida, wayar wutar ta ɓata. Ka zo da yaron Sawaba ma, ya kawo ta Mory Kanté a wayarsa, ni ban taɓa jin ta ba.